Kurakuran da masanin falsafa kan yi idan ya fito gaban jama'a

Malamin falsafa da ya shafe shekaru a jami'a yana rubuta wa takwarorinsa masana, ranar da aka gayyace shi gidan rediyo ko aka ba shi shafi a jarida, kuskuren da ya fi saurin yi shi ne buɗe magana da sunayen magabata da kalmomin fanni. Kafin ya gama bayanin matsayar Kant, masanin falsafar Jamus, mai sauraro ya riga ya sauya tasha. Gyaran shi ne matsala ta shige gaba, sunaye su biyo baya. Michael Sandel na Jami'ar Harvard, wanda aka watsa darussansa kan adalci a talabijin a 2009, ya gabatar wa ɗalibai shari'ar da aka yi a Ingila a 1884, inda jirgin wasu matuƙa ya nutse, suka kwashe kwanaki a ƙaramin kwale-kwale cikin yunwa da ƙishirwa, har suka yanka yaron da ke tare da su suka ci namansa. Ɗaliban suka ɗaga hannu, wasu na wanke matuƙan wasu na kama su da laifi, shi kuma ya yi amfani da hujjojinsu wajen gwada ra'ayin Bentham, masanin falsafar Ingila, na auna aiki da yawan amfaninsa.

Kuskure na biyu ya fi muni a ganina, domin raini ne da ke ɓuya a bayan sauƙaƙawa: masani ya faɗi hukunci ya riƙe hujja, wai jama'a ba za su iya bin ta ba. Mutanen da ke jayayya kullum kan gado da bashi da haƙƙin maƙwabci sun san hujja sarai. Masanin falsafa Kwame Anthony Appiah, wanda ya tashi a Kumasi, tun 2015 yake amsa wasiƙun masu karatu kan ɗa'a a mujallar New York Times, kuma yakan shimfiɗa dalilan kowane ɓangare kafin ya nuna inda ya karkata. Abin da ya kamata a rage shi ne nauyin kalmomi, matakan hujja kuwa a bar su cif.

Akwai kuma wanda muƙamin farfesa ke sa ya tofa albarkacin bakinsa kan magani da tattalin arziki da yaƙi duk da murya ɗaya. Ya fi dacewa ya fayyace inda yake magana da iliminsa da inda yake magana a matsayin ɗan ƙasa kawai.

Wasu kan fito ba tare da lissafin abin da zai biyo baya ba. Masanin falsafa Bertrand Russell ya rasa aikin koyarwa a Kwalejin Trinity ta Cambridge a 1916 saboda adawa da yaƙi, aka kuma yanke masa ɗaurin wata shida a 1918. Yawanci abin bai kai haka ba, amma kwamitin ƙarin girma a jami'a maƙalun bincike yake ƙirgawa, ba hirar rediyo ba, don haka ƙaramin malami ya ware wa bincikensa lokaci tabbatacce kafin ya amsa gayyata.