Yadda ake fassara maƙalar Wikipedia daga Faransanci zuwa Hausa

Fassara ce sana'ata. Da rana ina juya wa mutane takardu tsakanin Faransanci da Hausa su biya ni, da dare in yi wa Wikipedia ta Hausa kyauta. Na sha zaunar da matasa a fadarmu ta shan shayi a nan Birni, tsohuwar unguwar Damagaram (Zinder), ina nuna musu aikin, kuma kusan dukansu rami ɗaya suke faɗawa.

Buɗe asusu ba sai na koya maka ba, wanda ya iya buɗe Facebook ya iya wannan. Amma kafin komai ka sa haruffan Hausa a salularka, allon rubutu na Gboard yana da su. Maƙalar da aka rubuta "kasa" a wurin "ƙasa" ni ko karanta ta ba na yi. Mu a Nijar ƴ muke rubutawa, ƴan Najeriya kuma 'y. Kada ka tsaya musu da kowa a kai, ka dai riƙe ɗaya tun daga farko har ƙarshe.

Sai zaɓen maƙala. Ɗauki abin da kake karantawa ko ba a sa ka ba. Ni tarihin Damagaram ne abincina, shi ya sa nakan gane kuskure tun daga nesa. Kuma ta farko kada ta wuce sakin layi biyar. Kafin ka taɓa ta, nemi sunan a Wikipedia ta Hausa da rubutu iri biyu, Mirriah da Mirya, Tessaoua da Tasawa, kada ka kwana kana aikin da wani ya riga ya yi.

Yanzu buɗe manhajar fassara da ke cikin shafin. Faransanci zai tsaya a hagu, Hausa a dama, kana taɓa sakin layi na'ura ta cika maka shi. To a nan ake faɗuwa. Yaro ya ga Hausa ta zubo, sai ya ɗauka aiki ya ƙare. Manhajar kanta tana lissafin yawan abin da ba ka gyara ba, ta yi maka gargaɗi, wani lokaci ma ta hana ka wallafawa. Wasu sai su sauya kalma biyu uku don su wuce. Wannan ha'inci ne.

Sunayenmu da Bafaranshe ya rubuta da kunnensa, aikinka ne ka maido su gida. Niamey Yamai ce, Gouré Gure, Magaria Magarya, Tanimoune Tanimun, Kouran Daga kuma Kuran Daga, sarkin da aka kashe Kyaftin Cazemajou na Faransa a zamaninsa a 1898. Rubutun Faransancin ka ambace shi sau ɗaya a layin farko saboda mai nema, shi ke nan. Inda suka ce "région" jiha ce, "département" kuma gunduma, ko da yake na sha ganin na'ura ta mai da shi "sashe" kamar na jami'a.

Lambobi sun fi cin mutane. A Faransanci 1,5 ɗaya da rabi ne, waƙafin nan ba na dubbai ba ne. XIXe siècle ka rubuta ƙarni na 19. Kuɗi kuwa ka bar su da alƙaluma, sefa 5000, don a kasuwar Dole ta Damagaram idan ka ce dubu, dala dubu aka ji, wato sefa 5000 tunda dala sefa biyar ce, mutumin Kano kuma wani abu dabam zai fahimta.

Akwai kuma kalmomin da ke ɗauke da ra'ayin mai su. Tsofaffin rubuce-rubuce kan cin Damagaram a 1899 sukan ce "pacification", na'ura ta ba ka "samar da zaman lafiya". Kakanninmu ba haka suka gan shi ba. Rubuta abin da ya faru: sojan Faransa sun ci garin da yaƙi, daga baya ya zama babban birnin mulkin mallaka har 1926 da aka koma Yamai. Zagi kuma kada ka ƙara, ba wurinsa ba ne.

Ni nawa tuntuɓen a manazarta na yi shi. Fassarar na'urar ta ba ni haushi, na share sakin layin ɗungurungum na sake rubutawa da hannu, ashe ƙananan lambobin nan da ke ƙarshen jimla sun tafi tare da shi. Washegari na tarar wani edita ya liƙa wa maƙalar tambarin rashin madogara a goshi. Saboda haka ka gyara kalmomin da ke kewaye da lambar, ita kuma ka bar ta inda take. Abin da kakarka ta faɗa maka, ko gaskiya ne, ba ya shiga sai an taɓa buga shi a littafi ko jarida.

Idan mega ta yi maka tsada, karanta Faransancin ka tsara Hausarka a takarda tukuna, sannan ka kunna intanet.

Saura kaɗan. Sa rukuni, ɗauko hoto daga Commons, rumbun hotunan Wikipedia, kawai, ban da na WhatsApp, karanta wa wani da ƙarfi ka ji inda harshenka ya sarƙe, sannan ka wallafa. Taɓa tauraron da ke sama don ka riƙa ganin duk wanda ya yi mata gyara.