Yadda Ake Shirya Gajeren Fim na Gwaji Mara Labari a Jos

Akasarinmu mun taso da fim mai jarumi da labari da waƙa, amma akwai wani nau'i da ake kira fim ɗin tsari, wanda aikinsa shi ne ya sa mai kallo ya lura da haske da motsi da wucewar lokaci. Masanin fina-finai P. Adams Sitney ne ya laƙaba masa wannan suna a 1969. A Jos, inda Hukumar Fina-finai ta Najeriya da makarantarta suke, waya mai kyamara da mariƙi mai ƙafa uku sun ishe ka farawa.

Kafin ka taɓa kyamara, ka kafa wa kanka doka guda ɗaya, ka rubuta ta a takarda. Michael Snow, ɗan Kanada, ya gina fim ɗinsa Wavelength na 1967 a kan irin wannan doka: kyamara tana zuƙo hoto sannu a hankali cikin ɗaki ɗaya har kusan minti 45, kafin ta tsaya a kan hoton teku da ke manne a bango.

Taka dokar tana iya zama ɗaukar wani tsohon tafkin kuza a Rayfield na tsawon daƙiƙa 30 kowace safiya da ƙarfe shida da rabi, kwana goma a jere cikin hunturu. Ka sa duwatsu su zame maka alamar inda ƙafafun mariƙin suka tsaya, domin gobe ka koma daidai wurin. Sannan ka danna fuskar wayar ka riƙe har hasken ya kulle, in ba haka ba wayar za ta riƙa gyara shi da kanta, ta shafe bambancin da kake nema tsakanin ranar da hazo ya rufe ruwan da ranar da gari ya washe.

Wajen haɗawa a kwamfuta ne jarabawar take. Ka jera ranakun yadda suka zo, kada ka cire wadda ba ta yi maka kyau ba, domin a ganina ita ce ke tabbatar da cewa ka cika dokar. Kiɗa ba dole ba ne. Ƙarar iskar wurin ta wadatar.

Idan kuma ka zaɓi salon walƙiya, inda baƙi da fari ke musanyawa da sauri, wajibi ne ka rubuta gargaɗi a farkon fim ɗin, saboda yana iya tayar wa masu farfaɗiya da ciwonsu.