Yadda za ka bar yaronka ya saba da biri a ƙauyen Jawa

Shekara biyu muka zauna a wani ƙauye a yankin Gunungkidul, a tsibirin Jawa na ƙasar Indonesiya, lokacin da nake karatu a birnin Yogyakarta. Da rani, idan abinci ya yi ƙaranci a kan duwatsu, birai masu dogon wutsiya sukan sauko gonakin rogo da gyaɗa. Mutanen wurin "kethek" suke ce musu. A nan 'yata mai shekara shida ta shaƙu da wata biranya mai tabo a kunne.

Abu na farko, kada ka saya wa yaronka ɗan biri, ko da kuwa ya yi ta kuka. Yawanci sai an kashe uwar ake raba ta da jaririn. Wanda ka gani da sarƙa a wuya, sau da yawa an karya masa haƙora. Irin wannan azaba ce ta sa Joko Widodo ya hana wasan birai a titunan Jakarta a 2013, yana gwamna. A 2022 ma an sa jinsin waɗannan birai masu dogon wutsiya cikin dabbobin da ke fuskantar barazanar ƙarewa.

Sabo na gaskiya da haƙuri ake samunsa. Ku je gefen gona da la'asar, wuri guda kullum, kai kana kusa. Yaro ya zauna ƙasa, hannunsa babu leda babu abinci. Wani dattijo maƙwabcinmu, muna ce masa Mbah, shi ya koya wa 'yata: kada ta zuba wa biri ido, kada ta yi masa dariya haƙora a waje, domin yana iya ɗauka faɗa take nema. Idan ya buɗe baki yana ɗaga gira, ta ja baya a hankali, ban da gudu. Sai da muka yi kusan wata guda kafin biranyar ta fara zama taku biyar daga gare ta tana tsince wa ɗanta ƙwarkwata. Ban taɓa ganin yarinyar ta natsu haka ba.

Ban da ciyarwa. Birin da ya saba karɓa a hannu gobe yana cikin madafin maƙwabta, su kuma da guminsu suka noma rogon.

Idan tsautsayi ya sa ya yi cizo ko yakushi, a wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudu na minti 15, sannan a wuce asibitin gunduma, wato "puskesmas", a ranar, saboda cutar haukan kare.