Karatun Ƙasusuwa da Kufai: Kurakuran da Masu Farawa Suka Fi Yi

Bayan ruwa ya ja baya a fadamar Gulbin Kebbi, ko kwazazzabo ya ci gefen wani tsohon gari, ko masu haƙar ƙasar gini sun zurfafa a kududdufi, akan ji an ce an ga ƙasusuwa. Kafin la'asar hoton ya zaga WhatsApp, wannan ya ce mayaƙan Kanta ne, wancan ya ce mutanen dā ne masu tsawon zira'i goma. A cikin masu kallon akwai 'yan kaɗan da abin ke tsaya wa a rai, yawanci ɗaliban tarihi ko na kiwon lafiya a Birnin Kebbi da Aliero, har su fara neman abin karantawa. Da su nake magana, domin ina son a samu 'ya'yan ƙasar nan da za su iya karanta ƙasarsu da kansu. Sha'awa ba ta yi mana kaɗan ba. Matsalar ita ce ta inda ake shiga karatun.

Abin da ya fi yi wa masu farawa illa shi ne ɗaukar ilimin daga finafinan 'yan sanda, inda mutum ɗaya zai kalli ƙoƙon kai ya faɗi shekarun mai shi da ranar da ya mutu da wanda ya kashe shi. A zahiri aiki uku ne daban. Likitan binciken gawa yana aiki da jikin da bai ruɓe ba, shi ne mai faɗa wa kotu musabbabin mutuwa. Masanin ƙasusuwa na shari'a yana shigowa idan nama ya tafi, ya taimaka a gane ko wane ne. Mai binciken kufai kuma tambayarsa ta shafi al'umma: yaushe suka zauna nan, me suka ci, yaya suke binne mamatansu. Ka yanke wanda kake nema kafin ka sayi littafi ko ɗaya, in ba haka ba za ka tara abin da ba zai amsa tambayarka ba.

Daga nan sai a faɗa wa littattafan da shahararrun masu bincike suka rubuta kan shari'o'in da suka yi. Suna da daɗin karatu, ban hana ba, amma ba sa koya maka ƙashi. Wanda bai iya bambance ƙashin dantse da na ƙwauri ba, labarin shari'a ɗari ba zai amfane shi ba. Farkon karatu littafin siffar ƙasusuwa ne mai hotuna. The Human Bone Manual na Tim White da Pieter Folkens, wanda ya fito a 2005, an yi shi ne don a riƙe a hannu a fili, kuma hotunansa na ƙasusuwan gaske ne. Na William Bass, Human Osteology, ya girme shi, tun 1971 ake sake buga shi. Ɗaya daga cikinsu ya isa. Don tsarin tono da fahimtar ƙasa kuma, littafin Colin Renfrew da Paul Bahn, Archaeology: Theories, Methods and Practice, da aka fara bugawa a 1991 shi ne jami'o'i da yawa ke koyarwa da shi, tsohon bugu ma ya wadatar.

Sai dai karatun ƙashi ba ya zama a kai sai hannu ya taɓa, kuma a nan muna da sauƙin da mutane ba sa lura da shi. Tambayar farko da ake yi wa masani ita ce, wannan na mutum ne ko na dabba? Kuma sau da yawa amsar dabba ce. To, je wurin mahauci ka roƙi ƙasusuwan rago da na saniya, ka dafa su har nama ya saki, ka shanya, ka shimfiɗa su kusa da hotunan littafin. Ɗauki dogon ƙashin ƙafar rago, wanda ke sama da kofato, ka juya ƙarshensa na ƙasa: za ka ga ya rabu gida biyu, kowane ɓangare da ɗan tudu a tsakiya. Mutum ba shi da ƙashi mai wannan siffa ko ɗaya. Duba turmin haƙorin ragon, samansa lanƙwasasshen zane ne mai kaifi na cin ciyawa, na mutum kuwa 'yan tuddai ne masu santsi. Akwai wurare biyu da har masu gogewa kan yi tuntuɓe: ɓallin ƙwaryar kunkuru kan yi kama da ɓallin ƙoƙon kai, ƙasusuwan jariri kuma akan ɗauke su na tsuntsu ko na wata ƙaramar dabba, domin ba su gama haɗewa ba. Lissafin 206 da aka haddace a makaranta na baligi ne. Na jariri sun fi haka yawa. Don ɓangaren mutum, makarantun koyon aikin jinya da na likitanci suna da kwarangwal na roba, ka nemi izini ka zauna da shi.

Wani kuskuren shi ne son tabbas inda ilimin bai ba da tabbas ba. Littafin kirki zai gaya maka cewa ƙashin ƙugu ya fi ƙoƙon kai nuna namiji ko mace, saboda na mace ya fi faɗi da buɗewa don haihuwa. Zai kuma gaya maka cewa a kwarangwal ɗin yaron da bai balaga ba, ido ba ya iya raba mace da namiji. Shekarun yara sun fi sauƙi, domin haƙora suna bin tsari: turmin farko na dindindin wajen shekara 6, na biyu wajen 12. Amma da zarar mutum ya gama girma, sai tazarar ta buɗe, masani ya ce tsakanin 35 da 50, kuma wannan ita ce amsar gaskiya. Duk rubutun da ka ga ya ce ƙashin na mai shekara 43 ne cif, ba tare da wata takarda ko shaida daga waje ba, ka ajiye shi.

Yanzu ga inda nake son a daɗe, domin nan ne masu ƙoƙari ma ke zamewa. Yawancin alƙaluman da ke cikin waɗannan littattafai an gina su ne kan wasu mutane, a wata ƙasa, a wani yanayi. Lissafin da aka fi sani na ƙiyasta tsawon mutum daga ƙashin cinya, na Mildred Trotter da Goldine Gleser na 1952, ya fito ne daga gawarwakin sojojin Amurka na Yaƙin Duniya na Biyu da wani tarin kwarangwal na can. Tsawon ƙafa idan aka gwada da gangar jiki yana bambanta tsakanin al'ummomi, don haka in ka ɗora lissafin nan kan Bakabe ko Badakkare ko Bafulatani ba tare da tsokaci ba, amsar za ta iya kaucewa. Haka batun ruɓewar gawa. Filin binciken da Bass ya kafa a Jami'ar Tennessee a farkon shekarun 1980 ya koya wa duniya abubuwa da yawa, amma can ƙasa ce mai dazuzzuka da sanyin hunturu har da ƙanƙara. A nan zafin Afrilu kan haura digiri 40. Iskar hunturu kan busar da fata ta ƙame maimakon ta ruɓe, da damina kuma ƙudaje da danshi su gama aiki cikin hanzari. Ga ungulu, ga karnuka, ga gara wadda ke cin ƙashi ta bar masa ramuka da zane, har wanda bai sani ba ya zaci cuta ce ko sara. Kabarin da ke fadama, da ruwa ke shiga yana fita duk shekara, ba zai yi daidai da na kan jigawa ba ko da rana ɗaya aka binne su.

Gyaran ba watsi da littattafan ba ne. A duk jadawalin da ka gani, koma baya ka nemi inda marubucin ya faɗi mutanen da aka auna, nawa ne, 'yan ina ne, a wane zamani. Sannan ka nemi binciken da aka yi a Afirka. Jami'o'in Witwatersrand da Pretoria a Afirka ta Kudu suna da manyan tarin kwarangwal, sun kuma buga lissafi da yawa kan mutanensu. Su ma ba mu ba ne, amma karanta su zai nuna maka yadda alƙaluma ke sauyawa idan aka sauya al'umma.

Wannan ya kawo mu ga abin da ke ci mini rai: ɗalibi ya san kaburburan Fir'aunonin Masar, bai taɓa jin cewa an yi tono a Yelwa ta Yawuri ba. Kafin a kammala madatsar Kainji a 1968, an yi aikin ceto a wuraren da ruwa zai cinye. Kusa da Yelwa an tona wani tudu da ya ba da tukwane da kayan ƙarfe da ƙananan siffofin yumɓu na ƙarnukan farko na miladiyya, rahotonsa kuma ya fito a 1970. A Durɓi ta Kusheyi ta ƙasar Katsina, tuddan kaburburan sarakuna ne da aka fara tonawa a 1907, aka koma a 1992, daga baya aka kai abin da aka ɗebo birnin Mainz na Jamus aka bincika, aka samu zinariya da hauren giwa da kayan da suka tsallako Sahara. A Gobero ta Jamhuriyar Nijar, wurin da masanin Amurka Paul Sereno ya ci karo da shi a shekarar 2000, akwai kaburbura wajen 200 na zamanin da Sahara take da tabkuna. Graham Connah ya yi aiki a Daima ta Borno. Waɗannan rahotanni su ne suka yi magana kan irin ƙasarmu da irin tukwanenmu. Sashen nazarin kufai na Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya da na Jami'ar Ibadan cike suke da kundayen ɗalibai da ba a taɓa bugawa ba, kuma tafiya ɗakin karatunsu ta fi wata guda na lalube a intanet.

Kada kuma a raina rubutun gida. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya kawo labarin Kanta da daular Kabi a Infaƙul Maisuri. Ganuwar dutse ta Surame, tsohon birnin Kanta, wadda yanzu ta faɗa cikin Jihar Sakkwato, tana nan a tsaye, Gidan Tarihi na Kanta a Argungu kuma a buɗe yake tun 1958. Kuskuren da ake yi a nan shi ne a karanta labarin, sannan a tilasta wa ƙasa ta gaskata shi. Bar kowane ya yi maganarsa, sannan ka gwada.

Kwanan wata ma akan karanta shi ba daidai ba. Gwajin kabon 14 na auna daɗewar ƙashi ko gawayi, wanda Willard Libby ya ƙirƙiro a ƙarshen shekarun 1940, ba ya wuce shekara 50,000 ko kusa da haka. Idan rahoto ya rubuta, misali, 1200 ± 60 BP, lissafin daga 1950 yake komawa baya, ba daga bana ba, kuma sai an daidaita shi kafin ya zama shekarar kalanda. Sannan ka tambayi me aka gwada. A ƙasa mai zafi sinadarin da ake buƙata a cikin ƙashi kan lalace da wuri, shi ya sa sau da yawa gawayin da ke kusa ake aunawa. Gawayin na iya girmar kabarin nesa ba kusa ba.

Ka yi hattara da kyawawan littattafan hotuna da dillalan kayan tarihi ke bugawa a Turai, masu ɗauke da siffofin yumɓu da aka ce daga yankin Sakkwato ko Kwatarkwashi ta Zamfara suka fito. Yawancinsu masu haƙar sata ne suka ciro, babu wanda ya rubuta zurfin ramin ko abin da ke gefensu. Tun shekarar 2000 hukumar gidajen tarihi ta duniya, ICOM, ta sa irinsu cikin jerin kayan da ke cikin haɗarin sata. Abin da aka cire daga mazauninsa ba tare da rubutu ba ya rasa mafi yawan labarinsa, kuma shekarun da dillali ya liƙa masa ba hujja ba ne.

Mafi munin kuskure yana zuwa ne bayan an ɗan karanta: mutum ya ji ya iya, ya ɗauki fartanya. Dokar 1979 da ta kafa Hukumar Gidajen Tarihi da Wuraren Tarihi ta Ƙasa ta hana tono ba tare da izininta ba. Kafin doka ma, ga hadisin da Abu Dawud ya ruwaito daga Nana A'isha, Allah Ya ƙara mata yarda, cewa karya ƙashin mamaci kamar karya shi ne yana raye. Kuma a halin da yankinmu ke ciki, ƙashin da aka gani a daji na iya zama na wani da iyalinsa ke nema har yanzu. Taɓa shi na iya shafe shaidar da za ta mayar musu da shi.

Idan ka ci karo da ƙasusuwa, kada ka ɗaga, kada ka wanke, kada ka tattara su wuri ɗaya don ka kyauta. Tsaya daga gefe ka lura da yadda suke kwance. Binnewar Musulmi a ƙasar nan kan gefen dama take, kai a kudu, fuska a gabas, don haka kwanciya a naɗe, ko gawa cikin tukunya, ko tarin kaya a gefe, abin rubutawa ne, ko da yake kwanciya kaɗai ba ta yanke hukunci kan addini ko zamani. Ɗauki hoto da wani abu mai sanannen tsawo a gefe, ka adana shi a wayarka ba a Facebook ba, ka rubuta wurin da ranar. Sanar da mai unguwa ko dagaci da 'yan sanda, musamman in akwai tufafi ko takalmin roba ko kwanson harsashi. In alamu sun nuna tsohon wuri ne, mai tsingaro da gawayi a cikin ƙasar, a kai labari ofishin hukumar gidajen tarihi mafi kusa, a kuma roƙi masu haƙar su dakata har jami'anta su iso.