Yadda ake raba wa sababbin 'yan badujala kayan kiɗa

Duk yaron da ya shigo badujalar makaranta, idonsa na kan sandar jagoran badujala ko ƙaramar ganga, domin su ne a gaba ranar fareti. Kada ka biye masa. Makonni biyun farko kowa maci zai yi ba kaya a hannu, hagu-dama, taki 120 a minti ɗaya, har ƙafarsa ta hagu ta riƙa sauka tare da bugun babbar ganga ba tare da ya dubi ƙasa ba.

Daga nan sai gwajin kunne. Ka tafa musu gajeren kiɗa, su maimaita ɗaya bayan ɗaya, sannan su ci gaba da tafin suna tafiya. Wanda ya yi minti 2 bai ƙara sauri ba, bai ja baya ba, shi ne na babbar ganga. A nan ake yawan kuskure: a duba ƙato a rataya masa ita don yana iya ɗauka. Ƙarfi yana da amfani, amma mai babbar ganga shi ke riƙe da ƙafar kowa. In ya yi gaggawa, kafin a iso gaban babban baƙo sahu ya karkace, masu busa kuma numfashinsu ya ƙare. Ƙaramar ganga kuwa wuyan hannu take so mai laushi. Ka ba su sanduna su buga a kan benci. Mai bugu da kafaɗa zai gaji tun ba a je ko'ina ba.

Bigila ba ta da maɓalli, leɓe ne ke sauya murya. Yaro ya matse leɓɓansa ya hura a bakin bigilar kaɗai, in ya riƙe sauti ɗaya daƙiƙa 10 bai kumbura kumatu ba, ka ɗauke shi. Mai giɓi a haƙoran gaba ya fara da faifan ƙarfe tukuna, wato faya-fayen nan biyu da ake bugawa da juna. Lokacin hunturu, da yake iskar Zariya na tsaga leɓe, a ajiye man kaɗanya kusa, a kuma wanke bakin bigila kafin wani ya sa nasa.

In kana da yara 24, ga rabon da ke zama lafiya: mai sanda 1, ƙananan ganguna 6, matsakaita 2, babbar ganga 1, faifai 2, sauran 12 masu busa. Wajen jeri, tsofaffin hannu su kama gefe biyu na kowane sahu, musamman dama inda ake daidaita layi, sababbi su shiga tsakiya.

Sanda ba ta sabon shiga ba ce. Mai ita sai ya buga ganga shekara guda, ya san inda kiɗa ke yankewa. Ka kuma tanadi mataimaki ga mai babbar ganga tun watan Afrilu, kada zazzaɓi ya kwantar da shi ana gobe faretin Ranar Yara, 27 ga Mayu.