Yadda za ka koyar da darasin jirgin ƙarƙashin teku da gorar ruwa da murfin biro

Yawancin ɗalibanmu a Sakkwato ba su taɓa ganin teku ba. Babban ruwan da suka sani shi ne Gulbin Rima idan ya kawo da damina, sai madatsar Goronyo ga wanda ya taɓa zuwa. Wannan ba ya hana su gane yadda jirgin ƙarƙashin teku yake nutsewa ya taso, muddin malami ya shigo aji da abin nunawa a hannu. Ga yadda nake yi da 'yan ajina na sakandare.

Nemi gorar ruwa ta roba mai lita ɗaya da rabi, ka ɓare takardar jikinta. Sai murfin biro da ɗan danƙo ko cingam. In kan murfin yana da huda, toshe ta sosai. Manna danƙon a jelar murfin don ya ba shi nauyi, amma kar ka rufe bakinsa na ƙasa. Gwada shi a kofin ruwa tukuna. Ana so ya tsaya a tsaye, kansa kaɗai ya leƙo sama. In ya nutse, rage danƙo. In ya kwanta, ƙara. Nan ne wahalar take, don haka gama wannan a gida tun da dare.

A aji, cika gorar har baki, jefa murfin, ka rufe ta tam. Matse ta da hannu biyu, murfin zai gangara ƙasa. Sake ta, ya taso. Kar ka yi saurin bayani. Miƙa wa yara su matsa da kansu, ka tambaye su me ya canza. Sai sun yi gardama sannan ka faɗa musu: matsin ya takure iskar da ke cikin murfin, ruwa ya shiga ya cike gurbin, nauyi ya ƙaru. Jirgin gaske yana da tankuna a jikinsa. In zai nutse, sai a saki iskar cikinsu ruwan teku ya shiga. In zai taso, a hura iska mai ƙarfi ta kore ruwan.

Kar ka tsaya nan, domin rabin darasin ke nan. Tambaye su me zai sa ƙasa ta zuba dukiya mai yawa a kan wannan jirgi. Amsar ita ce ba a ganinsa. Na'urar rada ba ta ratsa zurfin ruwa, sai dai a yi farautarsa da sauti, shi ya sa ake ƙera shi ya yi tafiya shiru. Ba su labarin yaƙin tsibiran Falkland na 1982: jirgin ƙarƙashin teku na Birtaniya guda ɗaya, Conqueror, ya nutsar da jirgin yaƙin Ajantina mai suna General Belgrano, mutum 323 suka mutu, daga nan manyan jiragen yaƙin Ajantina suka koma gaɓa, ba su sake fitowa fagen daga ba. Na kan ɗan dakata a kan adadin nan, don yara su san rayuka ne suka salwanta.

Bambance musu iri biyu. Mai dizal dole ya riƙa matsowa kusa da saman ruwa ya shaƙi iska don cajin batir. Mai makamashin nukiliya yana yin watanni a ƙasa, ƙarewar abinci ce ke dawo da shi. Tun 1969 kullum Birtaniya tana da aƙalla jirgi ɗaya ɗauke da makaman nukiliya yana sintiri a ɓoye, don duk mai niyyar kai mata hari ya san akwai ramuwa.

Lalle wani zai ɗaga hannu ya ce, "Malam, Najeriya fa?" Faɗa masa gaskiya, sojojin ruwanmu ba su da ko ɗaya. Masar da Aljeriya suna da su, Afirka ta Kudu ma tana da uku ƙirar Jamus. A ganina, abin da ya fi damun mu a Mashigin Gini, wato tekun da ke gaɓar Najeriya, shi ne 'yan fashin teku da ɓarayin ɗanyen mai, kuma jiragen sintiri na saman ruwa sun fi dacewa da wannan aiki. Amma ba na fara faɗin ra'ayina. Raba ajin gida biyu, masu cewa a saya da masu cewa a bari, kowa ya kawo hujja. Aikin gida kuwa, kowa ya haɗo tasa gorar ya zo da ita mako mai zuwa.