Yadda Za Ka Raba Gidan Abincinka da Hayaƙin Sigari Ba Tare da Ka Kori Kwastoma Ba

Dokar taƙaita shan taba ta Najeriya, wadda aka sa wa hannu a 2015 aka fitar da ƙa'idojinta a 2019, ba ta hana baligi shan sigarinsa ba. Abin da ta hana shi ne ya shaƙa wa wani hayaƙin a wurin jama'a: asibiti, makaranta, motar haya, gidan abinci. Mai wuri ma yana da alhaki, ba mashayin kaɗai ba.

Fara da kwashe farantan zuba toka daga tebura. Duk inda mashayi ya ga faranti, ya ga izini. Sannan ka manna sanarwa a bakin ƙofa, daidai tsayin ido, da hoton karan sigari da aka ja wa jan layi, domin ba kowa ke karatu ba.

Inda aka fi yin kuskure shi ne ware kusurwa a cikin ɗaki a kunna fanka. Fanka ba ta cire hayaƙi, raba shi take yi ga kowa, iyakwandishan kuwa jujjuya iskar ɗakin kawai yake yi. Hayaƙin yana ɗauke da sinadarai sama da 7,000, kusan 70 daga ciki suna jawo cutar daji, kuma yana maƙalewa a labule da katifun kujeru. Yaran shagonka, da ke wuni a ciki, su suka fi kowa shaƙa. Saboda haka wurin sha ya zama a fili, aƙalla mita 5 daga ƙofa da taga, a gefen da iska ke tafiya da hayaƙin. Ajiye bokitin yashi don guntaye, kuma kada a kai abinci can. Shisha ma can za ta koma. Ruwan tulun ba ya tace gubar.

Koya wa yaranka magana ɗaya, a faɗe ta a hankali, ba a gaban mutane ba: "Yallaɓai, a yi haƙuri, ga wuri can mun tanada." Wa'azi kan illar taba a wannan lokacin rigima kawai yake haifarwa.

Idan kana sayar da sigari, doka ta hana sayar da kara ɗai-ɗai, sai kwali mai kara 20, kuma ba a sayar wa wanda bai kai shekara 18 ba. Yaron da ya ce aiko shi aka yi, ka mayar da shi da kuɗinsa, wanda ya aiko shi ya zo da kansa.